Gasar Wasan Bidiyo: Dukiyar da ke Ciki da Rabon Matasanmu na Kurmi

A watannin Yuli da Agusta na shekarar 2024 aka gudanar da gasar cin kofin duniya ta wasannin bidiyo a birnin Riyad na ƙasar Saudiyya, inda aka ware kuɗin da ya haura Dalar Amurka miliyan 60 domin rabawa ga waɗanda suka yi nasara. Da shekara ta zagayo, masu shirya gasar suka ɗaga kuɗin zuwa fiye da Dala miliyan 70. Idan aka lissafa bisa farashin Naira 1,500 kan kowace Dala, wanda shi ne kimanin darajar kuɗinmu a 2024, kyaututtukan shekarar farko kaɗai sun tasam ma Naira miliyan dubu 90.

Wasu daga cikin wasannin da aka fafata a kansu a Riyad, musamman na ƙwallon ƙafa da na faɗa, su ne dai ake bugawa kullum a ƙananan shagunan da matasa ke kira gidan gem, a unguwannin Hausawa na Fatakwal da Anaca da Inugu. Sai dai mai gidan gem a waɗannan garuruwa ba zancen miliyoyi yake yi ba, damuwarsa ita ce ko cinikin yau zai fitar da kuɗin man janareta na gobe. Abin tambaya a nan shi ne, me ya sa wannan harka ta zama babbar sana'a a wasu ƙasashe, alhali a nan tana nan a matsayin abin rage dare?

Zaman Hausawa a waɗannan birane ba sabon abu ba ne. Tun bayan da aka gano kwal a Inugu a 1909, aka kafa tashar jiragen ruwa ta Fatakwal, sa'an nan aka haɗa garuruwan biyu da hanyar jirgin ƙasa a 1916, fatake da 'yan ƙwadago daga Arewa suke sauka a yankin. Anaca kuwa dama tsohuwar matattarar ciniki ce a bakin kogin Kwara. Unguwannin da suka kafa, waɗanda mutanen Gabas kan kira Ama Hausa ko Gariki, kowace tana da masallacinta da Sarkin Hausawanta. Masu bin tarihi za su tuna cewa a shekarun 1950 wani ɗan Arewa mai fataucin shanu, Malam Umaru Altine, ya riƙe muƙamin magajin garin Inugu. A yau akasarin matasan waɗannan unguwanni suna cikin harkar fawa da tsire, da kayan gwari, da dako, da canjin kuɗi, da tuƙa keke mai ƙafa uku. Wasu a can aka haife su, wasu kuma 'yan ci-rani ne. Da magariba ta yi aka tashi daga kasuwa, gidan kallon ƙwallo da gidan gem su ne majalisarsu.

Jarin gidan gem ba shi da yawa: shago guda, benci, akwatin talabijin biyu ko uku, na'urar PlayStation wadda galibi ta hannu ce, hannayen bugawa, fanka, da janareta. Akan biya kuɗi a kan kowane wasa, kuma a wurare da yawa ƙa'idar ita ce wanda aka ci shi ke biya, wanda ya ci kuwa ya ci gaba da zama har sai an sami mai tayar da shi. Wannan ƙa'ida tana da hikimar kasuwanci, domin gwani guda na iya jawo wa mai shago ciniki dare guda cur, kowa na son ya zama shi ne ya kayar da shi. Tana kuma haifar da gwanaye na gaske, saboda yaron da ba shi da kuɗi tilas ya ƙware in yana son ya daɗe a kan benci. Wasan da ya fi karɓuwa shi ne ƙwallon ƙafa, wato na kamfanin Konami na Japan da aka sani da Winning Eleven ko PES kafin a sauya masa suna zuwa eFootball a 2021, da kuma FIFA na kamfanin EA, wanda shi ma ya koma EA Sports FC a 2023. Bayansu sai na faɗa irin su Mortal Kombat. Daga baya wayar hannu ta shigo da nata, kamar su Free Fire da PUBG Mobile da Call of Duty Mobile.

Abin lura shi ne, manyan zakarun duniya da dama daga irin waɗannan ɗakunan haya suka fito.

YADDA ABIN YA FARO

Gasar farko da aka adana labarinta an yi ta ne ranar 19 ga Oktoba, 1972, a Jami'ar Stanford ta Amurka, a kan wani wasa mai suna Spacewar, kuma kyautar da aka bayar ba ta wuce kuɗin sayen mujallar Rolling Stone na shekara guda ba. A 1980 kamfanin Atari ya shirya gasar Space Invaders wadda mutane fiye da 10,000 suka shiga. Shekara guda bayan haka wani ɗan kasuwa mai suna Walter Day ya buɗe gidan wasa na Twin Galaxies a garin Ottumwa na jihar Iowa, ya kuma ɗauki wani aiki da ba wanda ya sa shi: ya riƙa tattara sunayen waɗanda suka fi kowa maki a gidajen wasa na ƙasar yana rubutawa. Daga wannan rajista aka fara sanin wane ne gwanin gwanaye. A 1997 wani matashi, Dennis Fong, wanda ake yi wa laƙabi da Thresh, ya lashe gasar wasan Quake, aka ba shi motar Ferrari ta John Carmack, ɗaya daga cikin waɗanda suka ƙirƙiro wasan.

Duk da haka, a Koriya ta Kudu ne wasan ya zama sana'a sosai, kuma abin mamaki a lokacin matsin tattalin arziki. A ƙarshen 1997 darajar kuɗin ƙasar ta faɗi, kamfanoni suka durƙushe, har sai da gwamnati ta nemi agajin rance na fiye da Dala miliyan dubu 50 ta hannun Asusun Ba da Lamuni na Duniya. Gwamnatin Shugaba Kim Dae-jung ta zaɓi ta zuba jari wajen shimfiɗa layukan intanet masu sauri. Mutane da yawa da suka rasa ayyukansu suka buɗe shagunan hayar kwamfuta da ake kira PC bang, matasa marasa aikin yi suka cika su. Ana cikin haka wasan StarCraft na kamfanin Blizzard ya fito a 1998. Cikin shekara biyu aka sami tashoshin talabijin da ba su da aiki sai nuna gasar wasan, aka kafa hukumar kula da harkar mai suna KeSPA a 2000 da amincewar ma'aikatar al'adu, manyan kamfanoni irin su Samsung kuma suka fara ɗaukar 'yan wasa suna biyan su albashi.

Tauraron wancan zamani shi ne Lim Yo-hwan, wanda aka fi sani da BoxeR. Ya yi fice ne da zaɓen rundunar da mutane ke ganin ita ce mai rauni a wasan, yana cin nasara da dabara da saurin hannu, har magoya bayansa suka kai dubban ɗaruruwa. Da lokacin aikin soja na tilas ya zo masa a 2006, rundunar sojan sama ta ƙasar ta kafa ƙungiyar wasa wadda ya ci gaba da bugawa a cikinta. Magajinsa a ƙungiyar SK Telecom T1, Lee Sang-hyeok, wato Faker, ya zarce shi. An haife shi a 1996, ya ci kofin duniya na League of Legends tare da ƙungiyarsa a 2013 da 2015 da 2016, aka yi shekaru ana cewa zamaninsa ya wuce, sai ya dawo ya sake ci a 2023 da 2024 da 2025. A 2020 ya zama ɗaya daga cikin masu hannun jari a ƙungiyar. Lambar zinaren da tawagar ƙasarsa ta samu a wasannin nahiyar Asiya a birnin Hangzhou na Sin a 2023 ta sa aka ɗauke masa cikakken aikin soja.

Akwai wani abu da ya faru a gasar Evo ta 2004 a jihar Kalifoniya wanda ya kamata a tsaya a kansa. Ɗan Japan Daigo Umehara, wanda ya koyi wasa a gidajen gem na Tokyo, yana karawa da Ba'amurke Justin Wong a wasan Street Fighter III. Ƙarfin ɗan wasan Daigo ya ƙare saura ƙiris, ko da tare duka ya yi da hannu zai faɗi. Wong ya sako masa hari mai bugu 15 a jere. Hanya ɗaya ta rage, wato ya ture kowane bugu a daidai lokacin saukarsa, ba gaba ba baya. Ya ture dukkansu, ya mayar da martani, ya ci. Daigo bai ma lashe gasar ba, wani ɗan ƙasarsu ne ya doke shi a wasan ƙarshe. Amma da yake an ɗauki hoton wannan minti guda aka sa a intanet, miliyoyin mutane sun kalla, kuma har yau sunan Daigo ake ambata, wanda ya ci kofin kuwa sai masana. Wannan ba baƙon abu ba ne a ƙasar Hausa. An yi 'yan dambe masu ƙarfi da yawa, amma Shago ne ya tsaya a bakin jama'a, domin ya sami Ɗan Anace.

Ga matasan Ama Hausa, labarin da ya fi kusa da nasu shi ne na Arslan Siddique, wato Arslan Ash, ɗan birnin Lahore na Pakistan. A ƙananan gidajen gem na garinsu ya ƙware a wasan Tekken, a lokacin da duniya ta ɗauka cewa wasan na 'yan Koriya da Japan ne. A watan Fabrairun 2019, bayan ya sha wahalar neman biza da sauye-sauyen jirage, ya isa birnin Fukuoka dab da fara gasar Evo ta Japan, ya kuma lashe ta. A watan Agusta ya je Las Vegas ya doke zakaran Koriya mai laƙabin Knee a wasan ƙarshe. Ya riƙa faɗa cewa a gida akwai gwanaye irinsa da yawa, kuma da aka fara ba su biza suna fita sai maganarsa ta tabbata. A fagen ƙwallo kuwa, Mosaad Al-Dossary na Saudiyya yana da shekara 18 ya ci kofin duniya na FIFA na bidiyo a Landan a 2018, ya karɓi Dala 250,000. Yana daga cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar Falcons, wadda ta zo ta ɗaya a jimlar maki a gasar Riyad ta 2024. A Afirka ma an sami Brian Diang'a daga unguwar talakawa ta Kibera a Nairobi, da Sylvia Gathoni ita ma daga Kenya, da Thabo Moloi na Afirka ta Kudu wanda kamfanin Red Bull ya ɗauki nauyinsa a 2020.

INA KUƊIN KE FITOWA?

Kuɗin wannan harka ba daga aljihun 'yan wasa yake fitowa ba, daga masu kallo yake, ko kuma daga masu son idon masu kallo ya kai ga hajarsu. Shi ya sa kamfanin Amazon ya sayi dandalin Twitch, inda ake nuna wasanni kai tsaye, a kan Dala miliyan 970 a 2014, shekara uku kacal bayan kafa shi. Kamfanonin da suka mallaki wasannin su ma suna zuba kuɗi domin gasa talla ce. A 2019 kamfanin Epic ya bai wa wani yaro ɗan shekara 16, Kyle Giersdorf, Dala miliyan 3 bayan ya ci gasar Fortnite a New York. Kamfanin Valve kuwa ya ɓullo da wata dabara, inda yake ware kashi 25 cikin ɗari na cinikin wasu kayan ado na cikin wasan Dota 2 ya zuba a asusun kyauta. Ta haka kyautar gasarsa ta tashi daga Dala miliyan 1.6 a 2011 zuwa Dala miliyan 40 a 2021.

Sai dai harkar tana da rami. Kowa na iya kafa raga ya buga ƙwallon ƙafa ba tare da izinin kowa ba, amma wasan bidiyo dukiyar kamfani ce, kuma mai abu shi ke da iko da abinsa. Da Valve ya sauya tsarinsa, kyautar ta faɗo zuwa Dala miliyan 3 da 'yan kai a 2023. Attajiran da suka biya kimanin Dala miliyan 20 kowannensu domin samun gurbi a gasar Overwatch sun wayi gari an rufe ta a 2023. Ƙungiyar FaZe Clan, wadda aka yi wa ƙimar Dala miliyan 725 lokacin da ta shiga kasuwar hannun jari ta Nasdaq a 2022, an yi cinikinta a kan kimanin Dala miliyan 17 kafin ƙarshen shekarar da ta biyo baya. Cikin wannan yanayi ne Saudiyya ta shigo da ƙarfinta, inda kamfaninta na Savvy ya sayi manyan masu shirya gasa biyu, ESL da FACEIT, a kan Dala miliyan dubu 1.5 a 2022. Duk mai tunanin sa jari a nan ya kamata ya karanta waɗannan alƙaluma tare da na kyaututtukan, kada ya ɗauki ɗaya ya bar ɗaya.

ABIN DA YA TARE HANYA

Matsala ta farko ga mai gidan gem a Fatakwal ko Anaca ko Inugu ita ce wuta. Cinikinsa na dare ne, kuma ba ya iya dogara da kamfanin rarraba wutar lantarki, don haka janareta ce uwar shagon. Kafin a janye tallafin mai ranar 29 ga Mayu, 2023, litar fetur ba ta kai Naira 200 ba a farashin hukuma. Cikin 'yan kwanaki ta kai wajen Naira 500, a watan Oktoban 2024 kuma ta haura Naira 1,000 a wurare da dama. Waɗanda ke kan layin da ake kira rukunin A sun ga an ɗaga musu kuɗin wuta daga kimanin Naira 68 zuwa Naira 225 kan kowane ma'auni a watan Afrilun 2024. Mai shago ba ya iya ninka kuɗin wasa sau biyar, domin abokin cinikinsa ɗan dako ne ko yaron mahauci. A Anaca da Inugu an ƙara da zaman gida na tilas na ranar Litinin da aka fara a watan Agustan 2021, wanda ya rage wa 'yan kasuwa kwanakin ciniki, ya kuma sa baƙi suka rage hirar dare.

Ta biyu ita ce faɗuwar Naira, domin duk kayan aikin daga waje ake shigo da su. Na'urar PlayStation 5 ta fito a watan Nuwamban 2020 a kan Dala 499, wato kimanin Naira 190,000 a canjin hukuma na lokacin. A canjin 2024 waɗannan Daloli sun kai wajen Naira 750,000, ba a ma sa kuɗin dako da na kwastan da ribar ɗan kasuwa ba. Sakamakon haka shaguna da yawa suna nan a kan tsofaffin na'urori, alhali gasar duniya a kan sababbi ake yin ta.

Ta uku ba a ganin ta da ido, amma ita ce mafi wuyar magani. Share fagen shiga manyan gasa yanzu ta intanet ake yi, kuma manyan kwamfutocin da ke haɗa 'yan wasa galibi suna Turai. Saƙo a cikin wayar gilashi yana tafiyar kimanin kilomita 200 a cikin kashi ɗaya bisa dubu na daƙiƙa. Wayar MainOne da aka shimfiɗa a ƙarƙashin teku a 2010 daga Fotugal zuwa Legas tana da tsawon kilomita 7,000, ke nan zuwa da dawowa sai an ci aƙalla kashi 70 bisa dubu na daƙiƙa, kafin a ƙara tazarar Legas zuwa Inugu da cunkoson hanya. Wasan faɗa yana sauya hoto sau 60 a daƙiƙa guda. Ashe ɗan wasanmu yana baya da hoto huɗu ko fiye tun kafin ya taɓa maɓalli, kuma irin abin da Daigo ya yi a cikin 'yan hotuna kaɗan ake yin sa. An sami ci gaba, domin wayar Equiano ta iso Legas a 2022, ta 2Africa ta sauka a gaɓar Akwa Ibom a 2024, Fatakwal kuma tana cikin biranen farko da kamfanin MTN ya kai wa 5G a 2022. Amma sabuwar waya tana ƙara faɗin hanya ne, ba ta rage nisa ba. Maganin nisa shi ne a girke kwamfutocin a cikin Nijeriya, kuma kamfanonin wasa ba za su yi haka ba sai sun ga kasuwa.

Akwai kuma batun mutunci. Iyaye da malamai da yawa ba sa bambanta gidan gem da gidan caca, kuma ba za a ce ba su da hujja ba, tunda a wasu wuraren akan ɗora kuɗi a kan wasa, shagunan cacar ƙwallo kuma sun yi yawa a birane. Ga yaran da ke gudun makaranta su ɓuya a can. Muddin ba a raba gasa da caca a fili ba, babu Sarkin Hausawa ko shugaban kasuwar da zai yarda a ambaci sunansa a harkar, kuma babu attajirin da zai sa kofi.

A ganinmu, abin da ya fi sauƙin gyarawa shi ne wanda ba a kula da shi ba, wato rajista. A Jamhuriyar Nijar ana kokawa tun kaka da kakanni, amma sai da aka fara gasar takobi ta ƙasa a Tawa a 1975, da ƙa'idoji da alƙalai da jerin zakaru shekara bayan shekara, sa'an nan ta zama abin da gwamnati da kamfanoni ke zuba wa kuɗi, har sunan irin su Isaka Isaka na Doso ya ƙetare iyaka. Gwanin gidan gem a Diyobu ko bakin gadar Anaca ba shi da wannan. Layinsu kaɗai ya san shi, ranar da ya koma gida noma kuma labarinsa ya ƙare. Littafin rubuta sakamako, da wayar ɗaukar hoton wasan ƙarshe, da yarjejeniya tsakanin masu shaguna biyar ko shida a kan ƙa'ida guda da haramta ɗora kuɗi, duk ba su kai tsadar jarkar fetur ta mako guda ba.

Ƙofar da za a shiga in an yi hakan ta fara buɗewa. Kamfanin Gamr da ke Legas ya shirya gasa mai suna GamrX wadda ta tara 'yan wasa daga ƙasashen Afirka da dama, an kuma gwada wasan bidiyo a gasar wasannin Afirka da aka yi a Ankara ta ƙasar Gana a watan Maris na 2024. Sai dai mafi yawan irin waɗannan taruka a Legas ake yin su, kuma masu shirya su suna gayyatar wanda suka ga sunansa da hoton wasansa ne. Daga Anaca zuwa Legas tafiyar yini guda ce a mota, kuma masu safarar albasa da shanu na waɗannan unguwanni suna biyan kuɗin da ya fi na wannan tafiya kowace ranar kasuwa.